Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Dattawa Da Limaman Al'ummar Hausawa A Jamus Kan Tashen Björn Höcke Da Jam'iyyar AfD

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Iyayenmu dattawa, Allah ya ƙara girma. Malamanmu limamai, Allah ya gafarta muku. Shugabannin ƙungiyoyinmu na maza da na mata, sannunku da ɗawainiya. Bayan gaisuwa ta ladabi, ina fara neman afuwa idan harshena ya yi kaifi a wani wuri, domin ba tarbiyyarmu ba ce ƙarami ya miƙe a bainar jama'a ya ce babba ya yi kuskure.

Ina rubuta wannan wasiƙa ne da yawun wasu iyaye da matasa na al'ummarmu, 'yan Najeriya da Nijar da 'yan zangon Ghana da Togo, waɗanda suka roƙi kwamitin masallacinmu ya ara musu zaure na sa'o'i biyu bayan sallar La'asar, domin wata lauya ta yi wa jama'a bayani a kan dokar zama ɗan ƙasa da kuma abin da jam'iyyar AfD mai ƙyamar baƙi take nufi da irinmu. Kwamiti ya zauna ya ƙi, ya kuma ƙara da cewa daga yanzu duk wanda ya kawo maganar siyasar Jamus a zaurenmu na WhatsApp za a cire shi. Dalilin da aka ba mu shi ne mu baƙi ne, neman abinci ya kawo mu, kuma rigimar masu gida ba tamu ba ce. Da na tuntuɓi 'yan'uwa a wasu garuruwa sai na tarar amsar da suke samu kusan ɗaya ce da tamu, shi ya sa na ga ya dace in buɗe maganar ga kowa. Shekarata ashirin da uku a ƙasar nan, ina aiki a gidan kula da tsofaffi, kuma 'ya'yana uku duk a nan aka yanke musu cibiya.

Ba mu manta da alherinku ba. Ku ne kuka mayar da tsohon shagon ajiyar kaya ya zama masallaci, ku ne kuke zagayawa da faranti idan an yi rasuwa har a haɗa kuɗin kai gawa gida, kuma da yawanmu a falonku muka kwana a makonninmu na farko. Mun kuma fahimci tsoronku, domin ƙungiyar da ke da rajistar aikin jin ƙai ba a yarda ta yi wa wata jam'iyya kamfe ba. Sai dai koya wa mutum haƙƙinsa da nuna masa yadda ake cike takardar zaɓe daban ne da yi wa jam'iyya kamfe, kuma coci-coci da ƙungiyoyin ƙwadago na ƙasar nan suna yin haka a fili kowane zaɓe.

Kokenmu na farko shi ne kun raina abin da bai kamata a raina ba. Wani dattijo ya ce mana Höcke mahaukaci ne na ƙauyen gabas, a ƙyale shi ya yi ta haushinsa. To haka 'yan siyasar Jamus ma suka ce shekaru goma da suka wuce. Björn Höcke malamin tarihi ne a makarantar sakandare a jihar Hesse kafin ya zama jagoran AfD a jihar Thuringia. Jam'iyyar da kanta an kafa ta ne a 2013 a kan adawa da kuɗin Yuro da ceto ƙasashe irin su Girka daga bashi, ƙarƙashin wani farfesan tattalin arziki na Hamburg, Bernd Lucke, kuma a zaɓen wannan shekara ta samu kashi 4.7 cikin ɗari, ba ta ma kai kashi biyar ɗin da ake buƙata a shiga majalisa ba. Bayan shekara biyu aka ture Lucke, maganar Yuro ta koma baya, maganar baƙi da Musulmi ta dawo gaba. A watan Nuwamban 2015 Höcke ya yi wani jawabi inda ya ɗauko ma'aunin da masana halittu ke auna yadda dabbobi ke hayayyafa ya ɗora a kan mutane, ya ce ɗan Afirka nau'i ne mai yaɗuwa, Bature kuma nau'i ne mai riƙe gurbinsa. Mu ne ake nufi, da matanmu da haihuwarmu. A watan Janairun 2017, a birnin Dresden, ya kira wurin tunawa da kisan kiyashin Yahudawa da ke Berlin abin tunawa na kunya, ya nemi a juya yadda Jamus ke tuna tarihinta gaba ɗaya. Shugabannin jam'iyyarsa sun yi yunƙurin korarsa, yunƙurin ya ci tura, kuma wadda ta jagoranci yunƙurin, Frauke Petry, shugabar jam'iyyar a lokacin, ita ce ta bar jam'iyyar. A 2019 wata kotu a garin Meiningen ta yanke cewa ba laifi ba ne a kira shi ɗan fasist. A 2024 kotun birnin Halle ta ci shi tara har sau biyu, Yuro 13,000 da kuma Yuro 16,900, saboda amfani da taken dakarun SA na Hitler da doka ta haramta, yana mai cewa bai san asalin taken ba, shi da ya yi shekaru yana koyar da tarihi.

Bayan duk wannan, ranar 1 ga Satumban 2024 jam'iyyarsa ta zo ta ɗaya a zaɓen Thuringia da kashi 32.8 cikin ɗari, karo na farko tun bayan Yaƙin Duniya na Biyu da jam'iyyar masu tsattsauran ra'ayin ƙyamar baƙi ta lashe zaɓen jiha. Bai zama gwamna ba, domin sauran jam'iyyu sun ƙi haɗa kai da shi, amma kujeru 32 cikin 88 da ya samu sun haura kashi ɗaya bisa uku, wato ba a iya zaɓen alƙalan kotun tsarin mulkin jihar sai da yardarsa. Jamusawan da suka san tarihinsu sun tuna cewa a wannan jiha ce ɗan Nazi na farko, Wilhelm Frick, ya zama minista a 1930.

A daren wannan zaɓe ina bakin aiki. Na shiga ɗakin wani tsoho da ya haura shekara casa'in domin in ba shi maganin dare, na tarar ya ƙura wa talabijin ido. Da na miƙa masa kofin ruwa sai ya kama wuyan hannuna da yatsunsa masu rawa, ya tambaye ni ko ina da fasfon Jamus. Na ce ina da shi. Ya ce matarka fa. Na ce ba ta nema ba tukuna. Ya ce in gaya mata ta nema a wannan makon, sannan ya haɗiye maganinsa ya juya fuskarsa bango. Wannan mutum yana yaro ya ga abin da mu sai a littafi muke karantawa, kuma shi ne ya fara yi mini nasihar da na yi tsammanin zan ji daga kan mumbarinmu.

Wasunku suna cewa abin na gabas ne, a Hamburg ma jam'iyyar kashi 7.5 kawai ta samu a zaɓen Maris na 2025. Gaskiya ne. Amma a zaɓen tarayya na 23 ga Fabrairun 2025 ta samu kashi 20.8 a faɗin ƙasa, ninki biyu na abin da ta samu a 2021, ta zama ta biyu da kujeru 152 cikin 630, kuma ta zo ta ɗaya a Gelsenkirchen da Kaiserslautern, waɗanda duk a yammaci suke. Ban da haka, mai neman mafaka ba shi ne ke zaɓar inda zai zauna ba, hukuma ce ke rarraba su jiha-jiha, saboda haka akwai yaranmu sababbin zuwa a ƙauyukan Thuringia da Saxony waɗanda ba su da dattijo ko ɗaya kusa da su. Katangar da manyan jam'iyyu suka ce sun gina tsakaninsu da AfD ita ma ta tsage sau biyu a gaban idonmu: a Fabrairun 2020, lokacin da aka zaɓi Thomas Kemmerich, ɗan wata jam'iyya daban, gwamnan Thuringia da ƙuri'un mutanen Höcke har Angela Merkel, shugabar gwamnatin Jamus a lokacin, ta ce abin ba ya yafuwa, da kuma 29 ga Janairun 2025, lokacin da ƙudurin Friedrich Merz, jagoran jam'iyyar CDU, kan tsaurara shige da fice ya wuce a majalisar tarayya ta Bundestag da taimakon ƙuri'un AfD. Katangar da wasu suka gina, su ne kuma ke da ikon rushe ta, ba abin jingina rayuwar 'ya'yanmu ba ce.

Koke na biyu ya fi yi mini ciwo, shi ne kalmar nan ta baƙi da kuke ta maimaitawa a gaban yaranmu. Ni da na zo da jakata daga gida ina iya haƙuri a kira ni baƙo. Amma ɗana da aka haifa a asibitin garin nan, wanda Jamusanci yake yi har a mafarki, wanda Hausarsa takan ba kakarsa dariya a waya, baƙon wa ne shi? A watan Nuwamban 2023 an yi wani taro a wani gida kusa da Potsdam, wanda 'yan jaridar Correctiv suka bankaɗo a Janairun 2024, inda wani ɗan Austriya mai suna Martin Sellner ya gabatar da shirin da suke kira Remigration, wato tasa ƙeyar baƙi zuwa inda suka fito, a gaban mahalarta da suka haɗa da 'yan AfD, har da wani hadimin shugabar jam'iyyar, Alice Weidel. Rukuni uku ya lissafa: masu neman mafaka, da baƙin da ke da izinin zama, da 'yan ƙasa waɗanda a ganinsa ba su saje ba. Rukuni na uku 'ya'yanmu ne. Dubban ɗaruruwan Jamusawa sun fito tituna a cikin sanyin Janairu, a Hamburg sai da aka dakatar da gangamin saboda cunkoso, mu kuma aka shawarce mu mu zauna a gida. Shekara ɗaya bayan nan Weidel ta rungumi wannan kalma a babban taron jam'iyya a Riesa, kuma a Karlsruhe 'yan jam'iyyar suka riƙa jefa takardu masu kamar tikitin jirgi na tasa ƙeya a akwatunan wasiƙun mutane. Tun a 2016 Alexander Gauland, jigo a AfD, ya ce mutane suna son Jérôme Boateng a filin ƙwallo amma ba sa son irinsa a maƙwabtaka, alhali Boateng haifaffen Berlin ne, mahaifinsa ɗan Ghana, kuma ya ɗauko wa Jamus kofin duniya a 2014. Duk abin da Höcke yake son yaranmu su yarda da shi shi ne su baƙi ne a nan. Bai kamata su ji shi daga bakinsa a talabijin, sannan su zo masallaci su ji shi daga bakin iyayensu ba.

Na uku, an yi sakaci da maganar takardar zama ɗan ƙasa. Tun 27 ga Yunin 2024 doka ta sauya: shekara biyar ake buƙata maimakon takwas, kuma Jamus ba ta ƙara tilasta wa mutum ya ajiye fasfonsa na asali, wanda shi ne abin da ya hana da yawa daga cikinku nema tun da can. Sai dai kowa ya binciki dokar ƙasarsa, domin Kamaru, alal misali, ba ta amince da riƙe fasfo biyu ba. Sharuɗɗan sanannu ne: Jamusanci matakin B1, jarrabawa mai tambayoyi 33 da ake buƙatar a ci 17, mutum ya iya ciyar da kansa da iyalinsa, da kuɗin rajista Yuro 255. A cikin sahunmu na Juma'a akwai mutanen da suka cika waɗannan sharuɗɗa tun shekaru goma da suka wuce, suna biyan haraji kowane wata, amma ba su taɓa jefa ƙuri'a ba. Matanmu sun fi shiga wannan hali, domin yawancinsu jarrabawar harshe ce ta tsaya musu, kuma babu wanda ya taɓa shirya musu aji. Wannan ƙofa ba lallai ta daɗe a buɗe ba, domin gajeriyar hanyar shekara uku da dokar ta tanada tuni aka soke ta a Oktoban 2025. Mai cewa ƙuri'armu ba ta da yawan da za ta canza komai ya tuna cewa jam'iyyar BSW ta rasa shiga majalisa a 2025 da ƙasa da ƙuri'u dubu goma, kuma da ta shiga, da haɗakar jam'iyyun da ta kafa gwamnati bayan zaɓen ba ta samu rinjaye ba.

Na huɗu, akwai wata magana da nake ji a majalisar shayi bayan sallah, wadda ba wanda ya tsawata a kanta duk da an hana maganar siyasa. Wasu suna cewa AfD ta fi kusa da mu saboda tana kare aure da iyali, tana adawa da abin da ake koya wa yara a makaranta game da jinsi. Ina roƙon masu faɗin haka su karanta manufofin da jam'iyyar ta amince da su a Stuttgart a 2016, inda ta rubuta ƙarara cewa Musulunci ba ya cikin Jamus, ta kuma nemi a hana hasumiyar masallaci da kiran sallah. A 2018 Weidel ta tsaya a majalisa ta haɗa 'yan mata masu ɗankwali da masu yawo da wuƙa da marasa amfani a jimla ɗaya, har shugaban majalisa ya tsawata mata. Iyalin da suke karewa ba namu ba ne.

Koke na biyar shi ne idan an ci zarafin ɗayanmu, abin da muke samu daga gare ku shi ne a yi haƙuri. Bara 'yata mai shekara goma sha biyar tana dawowa daga makaranta a bas, wani mutum ya tofa mata yawu a hijabi ya ce ta koma inda ta fito. Ta shigo gida ba ta ce uffan ba, ta cire hijabin ta jefa a injin wanki, sai da uwarta ta ga hannunta yana rawa sannan ta faɗa. Na kai maganar gaban wani babba, ya ce in bar wa Allah, kada in jawo mana idon 'yan sanda. Na bi maganarsa har kusan wata guda. Ranar da na je ofishin 'yan sanda aka ce mini hotunan kyamarar bas kwanaki kaɗan suke yi a goge su, kuma da na ƙara jinkiri har wata uku, da damar shigar da ƙarar cin mutunci ma ta wuce. Haka wanda aka hana haya ko aiki saboda launin fatarsa yake da wata biyu kacal ya nemi haƙƙinsa a ƙarƙashin dokar hana wariya. Babu wanda ya taɓa gaya mana waɗannan wa'adodi. Abin da ba a rubuta ba kuwa, a wurin hukumar Jamus bai faru ba. Samuel Yeboah ɗan Ghana ne da ya ƙone a gidan masu neman mafaka a Saarlouis a 1991, kuma sai a 2023 aka yanke wa wanda ya cinna wutar hukunci. Mutum tara aka harbe a harin wariyar launin fata a Hanau ranar 19 ga Fabrairun 2020. Walter Lübcke ɗan CDU ne, Bajamushe gaba da baya, aka harbe shi a farfajiyar gidansa a 2019 saboda ya kare 'yan gudun hijira. Ban ce AfD ce ta harba bindigar ba, amma harshen da ke mayar da maƙwabci annoba shi ne ke ƙarfafa hannun mai harbi, kuma hukumar kare tsarin mulki ta ayyana jam'iyyar a matsayin mai tsattsauran ra'ayi a watan Mayun 2025, kodayake jam'iyyar ta garzaya kotu aka jingine ayyanawar.

Adalci ne in faɗi ɗaya ɓangaren. Harin Solingen na Agustan 2024, wanda ya kashe mutum uku kuma ƙungiyar IS ta ɗauki alhakinsa, ya zo mako guda kafin zaɓen Thuringia, kuma babu wanda ya ci ribarsa kamar Höcke. Yaron da aka ce masa shi baƙo ne a makaranta, aka ce masa shi baƙo ne a masallaci, akwai masu jiransa a TikTok da wa'azin da zai ba shi gida na ƙarya. Hana maganar siyasa a zaure bai hana yaranmu jin ta ba, ya dai tura su wurin waɗanda ba mu sani ba.

Saboda haka muna roƙonku, cikin ladabi, ku janye wannan hani, ku ba mu zaure sau ɗaya a wata domin lauya ko ma'aikacin ofishin ba da shawara ya zo ya yi bayani, a fassara wa jama'a da Hausa da Faransanci. Muna roƙon a buɗe ajin Jamusanci na mata a ranakun Asabar, tare da mai kula da yara, kuma mun riga mun sami 'yan mata biyu daga cikinmu da ke jami'a waɗanda suka yarda su koyar kyauta. Muna son a naɗa mutum biyu, namiji da mace, waɗanda duk wanda aka zaga ko aka buga zai kira su a ranar, su rubuta wuri da lokaci, su raka shi wurin 'yan sanda da cibiyoyin taimakon waɗanda aka kai wa harin wariya, irin su ezra da ke aiki a Thuringia. Limamanmu kuma, Allah ya gafarta muku, muna neman huɗuba guda kafin kowane zaɓe wadda za ta ce wa mai ƙuri'a ya fita ya jefa, ba tare da an ambaci sunan jam'iyya ba, kuma a bayyana wa jama'a bambancin ƙuri'a ta farko da ta biyu, domin da yawa ba su san ta biyun ce ke raba kujeru ba. Zaɓen tarayya na gaba, idan ba a yi na gaggawa ba, sai 2029, kuma duba da yadda takardu ke daɗewa a ofisoshi, wanda yake son ya jefa ƙuri'a a ranar yanzu ne lokacin da zai shigar da nasa.

Roƙo na ƙarshe shi ne ku sa wa yaranmu albarka idan sun ce za su shiga jam'iyya ko majalisar unguwa ko ƙungiyar ƙwadago, ku daina ce musu za su jawo mana magana. Karamba Diaby daga Senegal ya zo, ya wakilci Halle a Bundestag daga 2013 zuwa 2025 duk da an harbi ofishinsa a 2020 an kuma cinna masa wuta a 2023, kuma Aminata Touré, wadda iyayenta suka gudo daga Mali, ta zama minista a jihar Schleswig-Holstein a 2022.

In Allah ya yarda za mu halarci zaman kwamiti na gaba bayan sallar Juma'a, da sunayen mutum talatin da ɗaya da suka nuna sha'awar shigar da takardunsu, da ranaku uku da lauyar ta ce tana da sarari. Idan zauren bai samu ba za mu yi karo-karo mu kama wani ɗaki a cibiyar unguwa, amma mun fi son a yi shi a gidanmu, ku zauna a sahun gaba, Malam ya buɗe da addu'a.

Wassalamu alaikum.

Ɗanku, a madadin iyaye da matasan da suka nemi zauren.